Shirun da Gwaggona Ta Bari a Kaset

Shekarun baya, a cikin farin nan da ya jera mana damuna bayan damuna, ina koyarwa a wata sakandare a Isa. Ban daɗe da gama jami'a ba, kuma ina ɗauke da irin tabbacin da sabon mai digiri yake yawo da shi, cewa duk abin da ya karkace a ƙasarmu bayanina kawai yake jira ya miƙe. Abin da za ni ba ku labarinsa ya wuce tuntuni, mafi yawan waɗanda ya shafa suna ƙarƙashin ƙasa. Amma har yau, in na tuna shi, sai na ji zuciyata tana tafasa kamar jiya aka yi.

Gwaggona, yayar mahaifina, zabiya ce a Sabon Birni. Kiɗan ƙwarya take yi, irin na mata, a cikin gida. A zamaninta, bikin da ba a kira ta ba daga Sabon Birni har Isa, ana yi masa kallon bikin da aka rage wa gishiri. Tana da 'yan amshi, mata da suka bi ta tun suna 'yan mata har suka yi jikoki. Babbarsu aminiyarta ce, mutuniyar Kurawa, wadda suka yi shekaru suna waƙa kafaɗa da kafaɗa har muryoyinsu suka san juna fiye da yadda mu muka san su.

Akwai wata ƙa'ida da Gwaggo ta gada daga uwar ɗakinta, matar da ta koya mata waƙa. Zabiya ba ta sa wata a wurin 'yar amshinta sai ɗayan biyu: ko dai ta mutu, ko kuma an aika mata goron sallama ta karɓa da hannunta. In ba haka ba, wurin nan nata ne, ko tana nan ko ba ta nan. Mu da muka tashi a gidan mun san wannan kamar yadda muka san inda randa take.

Da fari ya tsananta, gero ya riƙa ƙonewa a tsaye tun bai fitar da kai ba. Rumbuna suka koma wurin kwanan kaji. Biki ya zama ɗaurin aure da fatiha, suna ya zama goro da addu'a, kowa ya watse kafin a fara tunanin abinci. 'Yan amshin Gwaggo suka bi 'ya'yansu ɗaya bayan ɗaya, wata ta tsallaka Nijar, wata ta yi birni. Aminiyarta ta bi ɗanta makiyayi, suka kora shanun da suka rage suka yi Kudu neman ciyawa. Ba su yi wata doguwar sallama ba, domin kowa cewa yake yi, sai damuna.

A lokacin ne abokina ya shigo maganar. Tare muka yi firamare. Shi bai ci gaba ba, ya kama sayar da kaset a kasuwanni, daga Isa zuwa Sabon Birni har cikin Nijar. Mutum ne mai fara'a da saurin hannu, kuma ban taɓa saninsa da mugunta ba. Shi ya ce mini muryar Gwaggo za ta tafi da ita kabari in ba a yi wani abu ba. Ya ce a ɗauke ta a kaset, kuma ba sababbin waƙoƙi ba, tsofaffin nan da kowa ya tashi da su: ta rakiyar amarya, ta wankan jego, ta niƙa, ta shigar da hatsi rumbu. Waƙoƙin da ita ma gadonsu ta yi. Na ji daɗin shawarar har na riƙa faɗinta a ɗakin malamai kamar ni na ƙirƙiro ta.

Muka je muka same ta a tsakar gida tana tsince wake. Ta saurare mu har ƙarshe ba ta ɗago ba.

Abokina ya ce, "To Gwaggo, wa za ya amsa miki? Ko in nemo mata cikin gari?"

Ta ce, "Masu amsa min suna da rai. Za ni yi tawa, in bar musu tasu."

"Yaya ke nan?"

"In na kai wurin amshi sai in yi shiru. Wurin nan ba nawa ba ne, kuma ba naka ba ne. Kaset ɗin zai je inda sunka je. Duk wadda ta ji, ta san wurinta, ta shiga."

Ya yi dariya ya ce, "Gwaggo, kaset fa ba ya jira."

Ta ce, "To ya koya. In ba ka iya wanga ba, ɗauki rakodarka."

Ya ce ya iya. A gabana ya ce, har ya dafa ƙirji. Ina nanata wannan ne domin daga baya an so a mayar da abin rashin fahimta, alhali babu abin da ba a fahimta ba.

Ranar da aka ɗauka, da hantsi, aka kori kaji aka rufe ƙofar gida. Ruwa ya yi wuya a shekarar, amma ta sa aka cika mata babban kwano, ta kifa ƙwarya a kai, ta ɗauki 'yan sandunanta. Da aka gama, ruwan nan awaki aka ba, ko ɗigo ba a zubar ba.

Muryarta ta tsufa. Ta yi ƙasa, ta yi kaushi, kuma ba ta iya hawa inda take hawa da. Amma na rantse ban taɓa jin ta yi waƙa irin ta ranar ba. Duk kwalliyar da take yi wa baiti a ƙuruciya ta zubar da ita, ta bar kalmomin tsirara. Waƙar shigar da hatsi rumbu, wadda na sani ta raha ce da tsiya, ta ja ta a hankali, a gidan da rumbunsa babu komai, har na rasa inda za ni sa idona.

Sai kuma shirun. Ta kai ƙarshen baiti, ta rufe baki, hannuwanta suna ci gaba da kiɗa, kanta a karkace kamar mai sauraro daga bayan danga. Shirun bai zama tsayi ɗaya ba. Wani gajere ne. Wani kuma ta bar shi ya yi nisa, domin a nan ne aminiyarta take jan amshi ta ƙara masa wutsiya. Akwai inda ta yi murmushi ita kaɗai a tsakiyar shirun.

Abokina ya matso kunnena ya ce, "Malam, batir fa na ci a banza."

Ba ta ko juyo ba ta ce, "Kai mai rakoda, in kana da magana bari a ƙare. Ba ka ji ana amshi ba?"

Ya kama bakinsa. Da aka gama ya durƙusa ya yi godiya, ya ce za ya kai kaset ɗin birni a buga da yawa.

Bayan wasu makonni, ranar kasuwar Isa, na fito daga makaranta ina ratsa layin masu kayan koli, sai na ji muryar Gwaggo daga lasifika. Na tsaya cak da murna. Ta kai ƙarshen baiti, na riƙe numfashi ina jiran shirun. Sai wasu 'yan mata suka faɗo ciki da siraran muryoyi, da fiyano a bayansu, da gangar inji tana tafiya kamar keken ɗinki. Sun amsa da kalmomin daidai, amma da jin harshensu ka san ba su taɓa shan ruwan Gobir ba. Inda shirun ya yi tsawo an datse shi, an daidaita duka kamar an auna da igiya. A bangon kaset ɗin ga hoton Gwaggo, an liƙa wasu 'yan mata a bayanta suna murmushi, mutanen da ba ta taɓa gani ba.

Na same shi a rumfarsa yana ba mutane kaset hannu bibbiyu.

Na ce, "Mi ka yi?"

Ya ce, "Malam! Ka ji yadda ya fito? Gyara na yi."

"Gyara?"

"Mai situdiyo ya saurara ya ce wanga kaset rabi babu komi. Wa za ya sayi shiru? Mutum ya sai da akuya ya auni gero, ya daure ya ɗauki kaset don matarsa ta ji sanyi, ya kai gida ya ji shiru? Kasuwa mai zuwa sai ya maido min ya ce na ba shi lalatacce."

"A gabana ta gaya maka. Ka dafa ƙirji."

"Ta gaya min. Tsohuwa ce, Malam, an bi ta da to. Kai kuma mi ya dame ka? Ko an yi ruwa ko ba a yi ba, kai wata na ƙarewa ka miƙa hannu. Mu sai mun sai da abin da mutane ka so."

Wannan ta shige ni, domin gaskiya ce. Da yake ta shige ni, sai na ɗaga murya. Na yi masa lacca a tsakiyar kasuwa a kan amana da al'ada da gadon magabata, da manyan kalmomin da na kwaso daga jami'a, har mutane suka taru suna zaton rikicin siyasa ne. Wani mai rake ya ce, "Malam, a yi haƙuri, zaɓe da saura." Aka kwashe da dariya. Duk tsawon laccar nan 'yan matan suna ta amshi a saman kaina, kuma mutane suna ta saye.

Washegari na hau mota zuwa Sabon Birni ina shirya yadda za ni gaya mata. Ashe na makara, ta riga ta ji a rediyon maƙwabta. Na tarar da buhun gero a jingine a ƙofar ɗakinta, wanda abokina ya aiko, an riga an kwance bakinsa, domin gidan akwai bakuna da yawa.

Ta ce, "Ɗiyan wa ne?"

Na ce ban sani ba.

"Muryarsu da daɗi. Ba su san waƙar ba, amma muryarsu da daɗi." Sai ta ce, "Direbobin Kudu sun saya?"

Na ce su ne ma suka fi saye.

Ta ce, "To, aminiyata ta ji."

Ba ta zage shi ba, ba ta yi masa baki ba. Na so ƙwarai ta yi. Na zauna ina jiran ta ce wani abu mai zafi da za ni ɗauka in kai masa, amma sai ta tambaye ni ko na ci abinci.

Saƙon bai daɗe ba ya iso. Wani direba da yake kai dabbobi Kudu, wanda ya san ɗan aminiyar, shi ya zo da shi. Ina gidan ranar. Ya tsuguna daga bakin ƙofa yana ta juya hularsa a hannu, ya ce shi ɗan aike ne, a yafe masa.

Gwaggo ta ce, "Faɗi yadda ta ce."

Ya ce, "Ta ce a gaishe ki. Ta ce ta ji kaset, Allah ya sa albarka. Ta ce ita dai ba ta san ta mutu ba, da an aiko mata ta zo zaman makoki."

Na ga hannun Gwaggo ya sauka a kan tabarma ya dafe, kamar ƙasa ta motsa. Matar da suka yi zaman makokin mazajensu tare, suka yi wa juna wankan jego, tana can cikin daji a bakin garke tana jin an sa yara a wurinta, ba goro, ba sallama. Kuma wa zai gaya mata ba haka aka yi ba? Ga kaset, ga hoto.

Na koma wurin abokina, wannan karon ba lacca. Na ce ya ba ni kaset na asali, wanda aka ɗauka a tsakar gida, in aika mata ta ji da kunnenta. Ya sosa ƙeya. Ya ce ya bar shi a situdiyo. Na matsa masa har ya je birni ya dawo, ya ce mini an ɗora wani abu a kai.

Na ce, "An ɗora mi?"

Ya ce, "Waƙar wani ɗan takara, ina ji. Kaset ne, Malam. Ba a aje shi banza."

Na juya na tafi. Na ji tsoron abin da zai fito daga bakina.

Sai muka ce a sake ɗauka da 'yar rediyona mai cin kaset. Amma kafin nan tari ya kama Gwaggo, irin na tsufa da rashin ƙoshi. Ta kifa ƙwarya, ta ja baiti, numfashi ya yanke mata a tsakiya. Ta sake, ya sake yankewa. Muka bari ta huta, na dawo wani mako, abin ya ƙaru. Waƙar da ta yi a ranar farko ita ce ta ƙarshe da ƙirjinta ya iya ɗauka, kuma ita ce aka shafe.

Wata Asabar na zo na tarar ta sa an cika kwano tun kafin in iso. Ta ce, "Kunna."

Na kunna. Ta fara kiɗa, bakinta a rufe. Ta yi ta kiɗa tsawon baiti guda ba ta ce uffan ba, har na fara leƙa rediyon ko ta tsaya. Sai ta buɗe baki ta yi amshi. Gajere ne, numfashinta ya kai. Ta sake yin shiru tsawon baiti, ta sake amsawa. A nan na gane. Ta bar wurin zabiya a buɗe, ta koma baya ta zauna a wurin 'yar amshi. Tun rasuwar uwar ɗakinta ba ta amsa wa wata mace ba a duniya. Waƙa ɗaya ta iya yi, ta rakiyar amarya, sannan ta ajiye sandunan.

Ta ce, "Ka ba direban nan. Ya ce mata ta ja, ni in bi."

Na ba shi hannu da hannu, na roƙe shi da girman Allah. Ya tafi, ya dawo, ya ce ya tarar sun tashi, ciyawa ta ƙare a wurin, an ce sun ƙara yin gaba. Ya ce ya bar kaset ɗin wurin wani mai shayi a kasuwar shanu, wanda ya ce makiyayan sukan biyo. Daga nan duk zuwan da na yi, kafin in gama gaisuwa Gwaggo za ta ce, "Mai mota ya ce wani abu?" In ce tukuna. Ta ce, "Hanya ce da nisa." Ta rasu ana cikin zafin bazara, mutane suna ta fita roƙon ruwa.

Da damuna ta gyaru, waɗanda suka tafi suka fara dawowa. Aminiyarta ta zo ta'aziyya, ta rame, tana dogara sanda. Ta zauna a ƙofar ɗakin Gwaggo, ta ƙi shiga. Bayan an yi addu'a na matsa kusa na tambaye ta ko wani mai shayi ya ba ta saƙo. Ta ce ba ta ga kowa ba.

Sai na zauna na ba ta labarin duka, tun daga ranar da aka cika kwano. Na gaya mata sharaɗin da Gwaggo ta kafa, da shirun da ta bari, da inda ta tsawaita shi saboda ita, da abin da aka yi a birni, da kaset na biyu. Ta saurare ni tana kallon ƙasa.

Ta ce, "Ita ta yi amshi?"

Na ce ita.

"Wace waƙa?"

Na gaya mata. Leɓenta ya motsa kaɗan. Na ɗauka za ta yi kuka, ko ta ce ta yafe, ko wani abu da za ni riƙe. Sai ta ɗago ta dube ni ta ce, "Kai ɗanta ne, dole ka gyara mata. Allah ya jiƙanta, ya yafe mana baki ɗaya. Ni dai abin da kunnena ya ji, shi na sani."

Ta dafa sandarta ta tashi. Ban sake ganinta ba, ita ma ba ta daɗe ba.

Na sha zama in tuhumi wannan fushi nawa. Geron abokina ya riƙe gidan Gwaggo a watannin da albashina bai isa ba. Ba don ya cuce ta ya yi ba, kuma wataƙila gaskiyarsa ce, da an bar shirun da kaset ɗin ya kwana a rumfa. Yana nan da ransa, ya zama Alhaji, yana sayar da wayoyi, muna gaisawa a wurin jana'iza da ɗaurin aure. Ya taɓa ce mini, "Ba don ni ba, wa za ya san muryarta yau?" 

Amma duk lokacin da na auna, wuri ɗaya nake komawa. Da ya ce mata ba zai iya ba, da ta ce ya ɗauki rakodarsa, shi ke nan, da mun rasa kaset, ita da aminiyarta kuma da sun mutu suna aminai. Abin da ya yi shi ne ya ce to, domin a ganinsa maganar tsohuwa abin lallashi ce, ba abin cikawa ba. Ya ga wuri babu kowa, ya ɗauka ba na kowa ba ne. Na ga irin wannan a ofis, na gan shi a gado, na gan shi a gonakin waɗanda fari ya kora. Ba na jin za ni daina jin zafinsa, kuma na daina ƙoƙarin dainawa.

Waƙoƙin suna yawo a wayoyi yanzu. Wasu cikinku ma sun turo mini, da kyakkyawar niyya, suna cewa ga asalin waƙar da, kafin zamani ya ɓata komai. Na gode. Ina saurara, domin muryarta ce, kuma ba ni da wata. Sai dai ina saurara ne da yatsana a kan madannin sauti. In ta kai ƙarshen baiti sai in kashe, in ƙirga kiɗan a zuciyata, sannan in mayar. Ba na samun daidai, domin sun datse wuraren, sau da yawa kafin in mayar ta riga ta yi nisa cikin baiti na gaba. Matata ta ce in mutane suka gan ni za su ce na taɓu. Su ce. Gwaggo ta faɗa a gabana cewa wurin nan ba nata ba ne, kuma ba na abokina ba ne, kuma cikin mu biyun da muka ji, ni kaɗai na riƙe.